Rigimar maƙwabta da ribar ’yan ta’adda: abin da nake gani daga Nairobi

Duk wanda ya zauna a Nairobi ya saba da buɗe jakarsa a ƙofar manyan kantuna, da kuma jiran mai gadi ya zura madubi a ƙarƙashin mota kafin ya ɗaga shinge. Wannan tsauri ya ƙaru ne bayan harin da ƙungiyar ’yan ta’addan Somaliya ta Al-Shabaab ta kai a babban kantin Westgate a 2013, inda aka kashe mutum 67, da na Jami’ar Garissa a 2015, wanda ya ci rayuka 148.

Tun da Kenya ta tura sojojinta Somaliya a watan Oktoban 2011, ba a rasa tsamin dangantaka tsakaninta da Mogadishu. Sun yi shari’a kan iyakar teku a kotun duniya, kuma a Disamban 2020 Somaliya ta yanke hulɗar jakadanci da ita, amma duk da haka sojojin Kenya ba su fice daga rundunar Tarayyar Afirka ba. Haka ma da Habasha ta ƙulla yarjejeniyar mashigar teku da Somaliland, yankin da ya ɓalle daga Somaliya, a Janairun 2024, Masar, wadda ke da tsohuwar jiƙaƙƙa da Habasha kan madatsar ruwan Nilu, ta yi maza ta aika wa Mogadishu makamai, har sai da Turkiyya ta sasanta Habasha da Somaliya a Disamba. Ba wai ƙasashen nan sun gama da Al-Shabaab ba ne, domin har yau tana karɓar haraji, sai dai ba su bari fushi ya rushe aikin tsaro na haɗin gwiwa ba.

A nan ne zuciyata take sosuwa idan na waiwayi gida. Bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, Najeriya ta rufe iyaka ta kuma yanke wutar lantarki, kamar an manta cewa mutanen Illela da na Ƙonni dangin juna ne. Shugaban mulkin sojan Nijar, Janar Tiani, kuma ya fito a Disamban 2024 yana zargin Abuja da haɗa baki da Faransa, zargin da Najeriya ta musanta, sannan a Maris na 2025 Nijar ta janye daga rundunar haɗin gwiwa ta yankin Tafkin Chadi. A ganina ɓangarorin biyu duk sun yi kuskure, kuma na janyewar ya fi muni, domin ’yan bindiga irin su Lakurawa ba sa neman izinin kowa kafin su tsallaka iyaka a kan babura. Wani ɗan’uwana da ke yankin Tangaza ya shaida mini ta waya cewa su ne ke zuwa ƙirga shanun mutane, su ɗebi abin da suke kira zakka.