Ku Sauke Wayar Nan, Samari

Shekaranjiya wata a-daidaita-sahu ta kife a gabana, wata dattijuwa tana kwance jina-jina, samari huɗu kuma sun kewaye ta da wayoyi a sama, har ɗayansu yana cewa a matsa masa don hoton ya fita. Da na tsawata masa sai ya ce wai shi mai shirya fim ne da ke nuna rayuwa ta zahiri.

Ƙannena, wannan sana'a tana da masu ita. Gianfranco Rosi, ɗan Italiya da aka haifa a Asmara a 1963, da hannunsa yake riƙe kyamara, amma ba ya ɗora ta a kan mutumin da bai zauna da shi ba. Kimanin shekara biyu ya kwashe tare da mazauna gefen babbar hanyar da ta kewaye birnin Roma kafin fim ɗinsa Sacro GRA ya lashe babbar kyautar bikin fina-finai na Venice a 2013, abin da fim na rayuwa ta zahiri bai taɓa yi ba. Da ya nufi tsibirin Lampedusa na Italiya, inda jiragen ruwan baƙin haure ke isowa daga Libiya, tarewa ya yi kusan shekara guda, ya saba da masunta da likita Pietro Bartolo. A Fuocoammare, fim ɗin da ya yi a can, wanda ya ci kyautar bikin fina-finai na Berlin a 2016, har 'yan Najeriya sun rera labarin yadda suka keta Sahara. Ya nuna gawa, ba na musu, amma sai da ya san nauyinta. Fim ɗinsa Notturno kuwa shekara uku ya ci a iyakokin Siriya da Iraƙi da Labanon.

Ku fa? Ko sunan matar ba ku tambaya ba, balle ku ɗaga ta. Sauri ya haifi nawa, kuma wanda ya ci zomo ya ci gudu, amma ku romon kuke nema tun ba ku ɗora tukunya ba. Ku ne kuma da dare za ku cika TikTok da zagin sa'o'in iyayenku don a danna muku alama. Ku ji tsoron Allah, ku koyi zama da mutane.

A da, idan mace ta faɗi a hanya, mayafi ake cirowa a rufe ta, maza su kau da kai. Shekaranjiya sai da wani tsoho mai tallan rake ya tuɓe rigarsa.