Jean Rouch: an cire sunansa daga allo, saura batun finafinan

A shekarar 2024 hukumomin Nijar suka sauya sunan cibiyar al'adu ta Yamai da ke ɗauke da sunan Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya finafinai, suka sa mata na Moustapha Alassane, ɗan Nijar mai shirya finafinai. Ban ga laifin haka ba. Abin da nake gudu shi ne a jefar da finafinan tare da allon.

Rouch ya sauka Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi, ma'aikacin mulkin mallaka. Daga baya ya ɗauki kyamara a hannu, ba tare da ƙafafun da ake girka ta a kai ba, yana kutsawa cikin mutane. Turawa na yaba masa kan wannan salo, amma su wa suka ba salon rai? A fim ɗin Jaguar, Damouré Zika da Lam Ibrahim Dia da Illo Gaoudel ne suka yi tafiyar ci-rani zuwa Gana ta yanzu. An ɗauki hoto babu sauti, sai bayan shekaru suka zauna suna kallon kansu, suna ƙirƙirar zance da barkwanci a kai. Haka aka yi a Moi, un noir na 1958: muryar Oumarou Ganda, ɗan Nijar mai dako a Abidjan, wanda ya yi wa Faransa yaƙi a Indochina, ita ce ƙashin bayan fim ɗin. Matasan masu fim na Paris irin su Godard sun yi ta jinjina wa wannan aiki. Wato kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Akwai kuma tabon da ba ya gogewa. Fim ɗin Les Maîtres fous, wanda Rouch ya ɗauka a Accra kan 'yan Hauka, masu hawan iska suna kwaikwayon gwamna da hafsoshin Turawa, ya nuna mutane kumfa na zuba a baki, suna cin naman kare. Turawan Ingila sun hana nuna shi, 'yan bokon Afirka ma ya ɓata musu rai. Sembène Ousmane, mai shirya finafinai ɗan Senegal, ya faɗa wa Rouch ido da ido cewa yana kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Ina ganin zargin ya hau wannan fim, ko da bai hau Jaguar ba.

Sai dai a hannun Rouch Ganda ya fara sanin kyamara, Gandan ne kuma ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972. Alassane ɗin ma ya yi aiki da Rouch. Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Konni a Fabrairun 2004, kabarinsa na Yamai.

Saboda haka cibiyar da ta sami sabon suna ta nemo finafinan nan, ta haska su da fassarar Hausa da Zarma, ta kuma rubuta sunan Damouré da na Ganda da manyan baƙaƙe daidai da na Rouch.