Wai komai sai mu ce "tsufa ne"?

Shekara uku kakarmu na laluben bango in za ta kewaya, buta ma sai an miƙa mata a hannu, kowa a gidan nan namu na Argungu cewa yake ai tsufa ne, har da ni. Sai da baffanmu ya zo daga Gusau ya matsa aka kai ta wurin likitan ido, ya haska ya ce yana ce, aikin da ko awa guda bai kai ba. Da aka cire bandeji ta kalle ni ta ce "kai maigida ashe haka ka rame?" Yanzu ita ke tsince shinkafa a faifai bakin ɗakinta.

Tun lokacin abin ke cina a rai wallahi. Shekara uku fa!

Turawa sun daɗe da zama kan tambayar nan, wane ne tsufa wane ne ciwo. A Amurka tun 1958 aka fara bin wasu mutane a garin Baltimo, lokaci lokaci su dawo a auna jininsu da zuciya da ƙarfin jiki da tunani har su tsufa a hannun masu binciken, 1974 kuma gwamnatinsu ta kafa cibiya guda ta binciken tsufa kawai. Abin da suka gano shi ne da yawan abubuwan da ake ɗora wa shekaru cuta ce mai zaman kanta, kuma sa'anni biyu kowa da yadda jikinsa ke tafiya.

Kar wani ya ce ai harkar Turawa ce. Nan Ibadan a 1992 aka fara gwada tsofaffin Yarbawa da baƙaƙen fatan Indiyanapolis kan ciwon mantuwa, wannan da muke kira ruɗewar tsufa, aka samu ya fi kama na can Amurka. Ke nan abinci da yanayin zama da su hawan jini ba za a raba su da maganar ba. To namu fa, da suka tashi kan fura da tuwon shinkafa da kifi, suka ƙare ƙarfinsu a fadama, wasu yanzu 'yan bindiga sun koro su daga ƙauye suna raɓe gidan dangi? Sakamakon Ibadan ba lallai ya zama namu ba. Kuma mu a nan tsohuwa ta fara sambatu tana fita da dare, in ba a yi sa'a ba mayya za a kira ta, yara na jifa.

An sa hannu a dokar kafa cibiyar kula da tsofaffi ta ƙasa a 2018, madalla, amma ƙidayar ƙarshe 2006 aka yi ta, da wane lissafi za a yi aikin?

Ni dai da ina da iko a jami'o'inmu na Birnin Kebbi da Aliero da Gusau, ɗalibai zan tura gunduma gunduma da na'urar awon jini da littafi, duk shekara su koma wa mutanen da suka auna bara. Sai dai su shirya, don ranar da likita ya tambayi Kaka shekarunta cewa ta yi ita dai tana goyon fari aka canza kuɗi zuwa naira, ya yi lissafin da kansa.