Yarinyar Da Ke Haddar Abu Biyu A Dare Ɗaya

Na daɗe ina jin maganar nan a raina, yau dai sai na faɗe ta. Duk lokacin da aka taɓo zancen yarinyar da ta fara fitowa a fim alhali tana jami'a, sai jama'a su rabu gida biyu. Wasu su ce ai taura biyu ba ta taunuwa, ta zaɓi ɗaya ta huta. Wasu kuma su jero mata sunayen manyan jaruman duniya da suka yi digiri suna tsakiyar tashe, su ce tunda wance ta iya, ke ma ba ki da uzuri. Ni duka biyun ba su gamsar da ni ba, domin dukkansu a kan yarinyar kaɗai suke ɗora kayan, kamar ita ta tsara ranakun ɗaukar fim, ita kuma ta fitar da jadawalin jarrabawa.

Akwai 'yar yayata da ke zaune a wurina tun da ta shiga jami'a. Shekarunta 19, tana aji biyu, kuma kusan shekara guda ke nan tana fitowa a wani shiri mai dogon zango. Ba ita ce babbar jarumar shirin ba, ƙawar jaruma take fitowa. Wani dare na fito shan ruwa wajen ƙarfe biyu, na tarar da fitilar ɗakinta a kunne. Tana zaune a ƙasa, ta jingina da gado, a cinyarta ta dama takardun lakca ne da ta ja wa layi da jan biro, a ta hagu kuma shafuka shida na maganganun da za ta faɗa a gaban kyamara da safe. Tana karanta wannan, ta rufe ido ta maimaita, ta koma wancan. Kwalliyar da aka yi mata a wurin aiki ma ba ta gama gogewa ba, akwai sauran baƙi a gefen idonta. Na ce, "'Yata, ba za ki kwanta ba?" Ta ce, "Anti, da yamma aka turo cewa an dawo da fitowata gobe, kuma jibi ina da tes. Idan na kwanta, ɗaya zai zube." Na tsaya a bakin ƙofa na rasa abin da zan ce mata, domin ba lalaci na gani ba balle in yi faɗa.

Wanda bai taɓa zuwa lokeshan ba, wato wurin ɗaukar fim, yana ɗauka aikin fim shi ne minti ukun nan da yake gani a allo. Yinin ɗaukar fim yakan kai awa 12, wani lokaci ya wuce, kuma mafi yawansa jira ne. A jira masu haske su daidaita fitila, a jira mai sauti, a jira babban jarumi ya iso, a jira rana ta karkata inda darakta yake so. Sabuwar 'yar wasa ita ake fara kira, ita ake sallama a ƙarshe, saboda lokacinta ne mafi arha a wurin. Ana tsara komai a kan lokacin manya, ita sai dai a cusa ta inda aka samu gurbi. Za ka ce to ta yi karatu a lokacin jiran. Tana yi kuwa, na sha ganin takardunta sun dawo da tabon hoda. Amma karatun da ake yi kunne ɗaya na sauraron a kira sunanka ba ya zama a kai. Ita kuwa jami'a tana da nata agogon da ba ya jiran kowa: akwai adadin halartar aji da ake buƙata kafin a bar ka ka zauna jarrabawa, akwai aikin rukuni da abokan karatu ke jiran kasonka, akwai ranar miƙa aiki. Hukumomi biyu ne, kowacce tana ganin ita ce ta farko, kuma babu wadda ke magana da 'yar'uwarta. Yarinyar ce kawai ke kai-komo a tsakani tana ba da haƙuri.

Yanzu bari mu dubi sunayen nan da ake yawan kawowa, domin ni ma ina girmama su, amma a faɗi labarin gaba ɗayansa. Jodie Foster ta shiga jami'ar Yale a 1980 ta kammala a 1985. Kafin ta taka ƙofar jami'ar, an riga an sa sunanta a jerin masu neman kyautar Oscar tana 'yar shekara 14. Natalie Portman ta shiga Harvard a 1999 ta fito da digiri a ilimin halayyar ɗan Adam a 2003, kuma aikinta na fim ɗin Star Wars kashi na biyu a lokacin dogon hutun shekarar 2000 aka ɗauke shi a Ostireliya. Emma Watson ta shiga jami'ar Brown a 2009, a 2011 ta sanar cewa za ta ɗan dakata da karatu saboda aiki, ta yi shekara guda a Oxford a Ingila, sannan ta karɓi digirinta na adabin Turanci a 2014. Shekara biyar ke nan a karatun shekara huɗu.

Duk su ukun sun shiga jami'a ne bayan sun riga sun yi suna. Su ake nema, ba su ke nema ba. Wadda kamfani ya zuba miliyoyin daloli a kan fuskarta tana iya cewa sai lokacin hutu, a kuma jira ta. Tana da wakili, tana da lauya, tana da kuɗin da za ta iya zama shekara guda ba ta karɓi aiki ba. Duk da wannan gata, biyu daga cikinsu sai da suka ƙara shekara. Ga kuma Claire Danes, wadda ta shiga Yale a 1998 ta bar karatun bayan shekara biyu ta koma aiki, ita ba a cika kawo sunanta a irin wannan muhawara ba saboda labarinta bai dace da wa'azin da ake son yi ba. To idan waɗanda ke da ikon cewa a'a sun sha wannan wuya, ina ga yarinyar da idan ta ce tana da jarrabawa za a ce mata ba komai, sannan ba za a sake kiran ta ba? Auna ta da ma'aunin Portman zalunci ne, ko da da kyakkyawar niyya aka yi.

Akwai wani abu da ya fi tsaya mini a rai. A jihar Kalifoniya ta Amurka, inda masana'antar fim ta fi daɗewa da tsari, doka ta tanadi cewa yaron da ke aiki a fim sai an ba shi awa uku na karatu a kowace ranar makaranta, tare da malami a wurin ɗaukar fim ɗin, kuma an ƙayyade awannin da zai yi yana aiki gwargwadon shekarunsa. Akwai kuma dokar Coogan ta 1939, wadda aka yi bayan ɗan wasan fim Jackie Coogan ya girma ya tarar mahaifiyarsa da mijinta sun cinye dukiyar da ya tara yana yaro. A yau dokar tana sa a ajiye kashi 15 cikin 100 na kuɗin yaro a asusun da ba a taɓawa sai ya girma. Tsari ne mai kyau. Amma duk wannan kariya tana ƙarewa ne ranar da yarinya ta cika shekara 18, wato daidai lokacin da take shiga jami'a, lokacin da karatun ya fi nauyi kuma babu mai bin ta da bulala ta je aji. Jiya doka na tsaye a kan karatunta, yau an ce ta girma, ta ji da kanta. Idan a can inda aka rubuta dokoki haka abin yake, sai ka ƙiyasta wuraren da ko takardar yarjejeniya ba a sa hannu, sai dai a kira ka a waya a ce ka zo gobe.

Masu cewa ta ajiye karatu ta bi fim suna da hujjar da ba zan raina ba. Da zafi-zafi akan bugi ƙarfe, kuma gaskiya ne cewa damar mace a wannan sana'a da wuri take zuwa. Wasu masu bincike a jami'ar Queen Mary da ke Landan sun fitar da nazari a 2019, bayan sun bi bayanan 'yan wasa sama da miliyan 2 daga 1888 zuwa 2016. Sun gano cewa shekarar da 'yan wasa suka fi samun aiki takan zo ne a farkon sana'arsu, abin ya fi tsanani ga mata, kuma sana'ar mata ta fi saurin yankewa. Don haka idan yarinya ta ji tsoron cewa shekara huɗun jami'a su ne shekarun da ake son fuskarta, ba ruɗu take yi ba.

Sai dai wannan nazarin ya nuna wani abu kuma: kusan kashi 70 cikin 100 na waɗanda suka taɓa fitowa a fim, a shekara guda tak sunansu ya bayyana, daga nan shiru. A lokacin yajin aikin ƙungiyar 'yan wasan Amurka a 2023, ƙungiya mai mambobi kusan 160,000, an yi ta nanata cewa mafi yawansu ba sa samun dala 26,470 a shekara, wanda a lokacin shi ne mafi ƙarancin abin da ake buƙata kafin mutum ya shiga inshorar lafiyar ƙungiyar. Waɗannan fa su ne 'yan wasan masana'antar da ta fi kowace kuɗi. Wanda ya san wannan sannan ya ce wa yarinya 'yar shekara 19 ta jefar da karatunta saboda shiri ɗaya ya karɓu, caca yake yi da rayuwar da ba tasa ba.

Kuma ni ban ɗauki digiri a matsayin tayar ajiya kawai ba. Na ga abin da karatu ke yi wa aikin kansa. 'Yar yayata ta fara karanta abin da ake ba ta ta sa wa hannu layi-layi, tana tambaya, abin da a da kunya ba ta barin ta. Ta fara lura idan an rubuta wa mace magana marar ma'ana a labari. Sannan a aji ita ba kowa ba ce, malami zai mayar mata da aiki ya ce bai yi ba, ta sake. Yarinyar da baƙi suka fara tsayarwa a hanya suna neman hoto tana buƙatar wuri ɗaya a rayuwarta da ba a tafa mata.

Wannan ma yana da nasa ciwon. Wasu abokan karatu suna ɗaukar ta hoto a ɓoye tana cikin aji. Idan ta ci jarrabawa a ce sananniya ce shi ya sa, idan ta faɗi a ce ai dama 'yar fim ina ita ina karatu. Akwai malamin da ta je wa da takarda tana roƙon a ba ta damar yin tes da wani rukuni, bai ko karanta ba ya ce ta je ta zaɓi abin da ta zo yi. Na tabbata da ɗan wasan ƙwallon makaranta ne ya zo da irin wannan takarda, da an saurare shi, domin jami'o'i da yawa sun daɗe da tanadin sassauci ga 'yan wasan motsa jiki. Ban ce a ba ta maki kyauta ba, ban ce a rage mata ko tambaya ɗaya ba. A ba ta rana kawai.

Su kuma furodusoshi, jadawalin jarrabawa ba asiri ba ne, makonni kafin lokaci ake fitar da shi. Wanda zai iya tsara aikinsa a kan tafiye-tafiyen babban jarumi zai iya kauce wa mako biyu na jarrabawar yarinya, in ya ga dama. A rubuta shi a yarjejeniya tun ranar farko, kafin a kunna kyamara, domin bayan an fara ɗauka bakinta ya mutu. Kuma ita ba za ta iya neman wannan da kanta ba, tsoro take ji. Aikin manyanta ne. Mu iyaye da 'yan'uwa muna da laifi a nan: ko dai mu hana gaba ɗaya, ko kuma kuɗi su fara shigowa mu yi shiru mu daina tambayar sakamako. Kaɗan ne ke zama su ce kawo takardar mu gani, kawo jadawalin mu daidaita.

Sannan a daina ɗaukar jinkirta zangon karatu a matsayin faɗuwa. Idan aiki mai nauyi ya zo, gara ta rubuta wa makaranta a hukumance ta ɗage zango ɗaya ta dawo da ƙarfinta, da ta riƙa rabin zuwa aji tana tara kwasa-kwasan da za ta maimaita. Abin da nake tsoro shi ne ficewar da ba a sanar ba, wadda ake cewa sai zango mai zuwa, har shekara uku ta wuce.

A zangon da ya wuce, 'yar yayata ta faɗi kwas ɗaya, wanda tes ɗinsa ya faɗo a makon da aka yi ta sauya mata ranaku. Ta yi kuka sosai, ta ce, "Anti, ko in haƙura da ɗaya ne?" Na ce mata ba yanzu ba. Da aka zo sabunta aikinta a kashi na gaba na shirin, ni da mahaifiyarta muka bi ta. Na ɗauki jadawalin makarantarta na ajiye a gaban furodusan, na ce, "Ranka ya daɗe, waɗannan makonni biyun ba ta nan, muna so a rubuta." Ya duba, ya yi shiru, ya ce ba a saba yin haka ba. Na ce mun sani. Ya kira mai tsara jadawalinsu suka yi magana a gefe kamar minti goma, sannan ya dawo ya ɗauki biro ya ƙara layi biyu a ƙasan takardar. Ranar Litinin za ta sake zama jarrabawar kwas ɗin nan, kuma tun ranar Alhamis wayarta ke kashe.