Ƙannena na Makka, ba kowane mai waya ne ɗan jarida ba

Assalamu alaikum. Samarinmu na Makka da Jidda, ku yi haƙuri da ni yau, raina a ɓace yake.

Juma'ar da ta wuce, bayan an sauko daga masallaci, wani dattijo ɗan Umara ya yanke jiki ya faɗi a unguwar Misfala ta Makka. Zafi ne da gajiya. Kafin a samo ruwan da za a yayyafa masa, yaranmu sun kewaye shi da wayoyi, wani har da durƙusawa don ya ɗauko fuskar sosai. Mayafin haraminsa ya zame, ba wanda ya kai hannu ya gyara masa. Kafin la'asar hoton ya zaga WhatsApp da Facebook, an rubuta Innalillahi a samansa, wai labari da ɗumi-ɗuminsa. Bawan Allah yana asibiti da ransa, can gida an fara shimfiɗa tabarmin zaman makoki. Yaron da ya fara watsawa kuwa, a shafinsa ya kira kansa ɗan jarida na ƙasa da ƙasa.

Haba ƙannena! Kun san nauyin wannan sunan kuwa?

Nan Mina, kusa da ku, Allah Ya karɓi ran 'yar jarida Hajiya Bilkisu Yusuf a turmutsutsun 24 ga Satumba 2015. Allah Ya jiƙanta. Ta yi karatu a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, ta ƙaro a Wisconsin ta Amurka, ta je Mosko ta karanci aikin jarida. Ta yi editar Sunday Triumph a Kano, ta riƙe New Nigerian a Kaduna, daga 1990 kuma ta shiga mujallar Citizen. Shekaru ta kwashe tana hawa mataki-mataki kafin a ce mata edita. Ku kuwa data ta riyal talatin ta ba ku muƙamin a dare ɗaya.

Aikin edita, in ba ku sani ba, rabinsa hana labari fita ne sai ya nuna. Wakili zai kawo rahoto yana rawar jiki, edita ya ɗauki jan biro ya tambaye shi: wa ya gaya maka? Da idonka ka gani? Ka ji ta bakin ɗaya ɓangaren? In mutuwa ce, likita ya tabbatar? Iyalan sun sani? In babu amsa, labarin ya kwana a tebur, ko da wata jarida za ta riga su. Ku kuwa burinku a ce ku ne na farko. Sauri ya haifi nawa. Magana zarar bunu ce, balle ta intanet da ke isa Kano da Damagaram kafin ka mai da wayar aljihu. Allah Ya ce a Suratul Hujurat a bincika labari kafin a cutar da mutane cikin jahilci, Manzon Allah (SAW) kuma ya ce ya ishi mutum ƙarya ya riƙa faɗar duk abin da ya ji. Kun haddace waɗannan tun kuna yara, amma da an ga mutum a ƙasa sai a zaro waya.

Ba na ma son in shiga zancen masu tare alhazai ƙauyawa a bakin shagunan gwal suna cin kamisho a kansu, ko masu ɗaukar 'yan matan mutane a ɗawafi suna ɗorawa a TikTok da kiɗa. Duk uwarsu ɗaya, rashin kunya.

In tsoron Allah bai hana ku ba, ku tuna dokar ƙasar nan ta 2007 kan laifukan intanet: keta sirrin mutum da kyamarar waya na iya jawo ɗaurin da ya kai shekara ɗaya da tarar da ta kai riyal 500,000. Da yawanku ma iƙama, wato takardar izinin zama, ba ta cika ba. Baki shi ke yanka wuya. Ku nemi sani, ku zauna da manya, ku koyi haƙuri.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne mun gaji abin da ya fi haka. Jaridar Hausa da aka kafa a Zariya a 1939, wadda Malam Abubakar Imam ya yi wa edita, Gaskiya Ta Fi Kwabo aka sa mata suna. Iyayenmu suna kunna BBC Hausa tun 1957, in an ce rediyo ta faɗa, gardama ta ƙare. A da ko rasuwa aka yi da gaske, dattijo ake tashi ya je ya zauna da iyali, ya yi ta kewaye-kewaye kafin ya faɗa. Jarida in ta yi kuskure takan buga gyara da neman afuwa a fitowa ta gaba. Yanzu sai a goge hoton a yi tsit, ko kiran iyalan ba a yi a ba su haƙuri, washegari a fita neman wani da zai faɗi.