Wai barkwanci ba a rubuta shi

To, kun dai gani da idonku daren jiya. Wasan barkwancin nan na tele, kashi talatin cur, tun farkon azumi kuna dariya har shayi na sarƙe ku. An zo kashi na ƙarshe sunaye na wucewa: mai kamara, mai kwalliya, direba, har wanda ya ara musu gida a Birni an yi masa godiya. Wanda ya rubuta wasan fa? Ko ƙyallin sunansa. Da aka yi magana sai mai gidan telen ya ce wai "barkwanci ai ba a rubuta shi, baiwa ce." Madalla! Ashe daga sama yake zubowa kamar ƙanƙara.

Rubuta shi ake yi, jama'a. Yaron da ya rubuta wasan nan ƙanen abokina ne. Na sha ganinsa a kasuwar Dole, ba ya sayen komai, yana sauraron yadda 'yan koli ke zolayar juna, da dare ya zo fada, wurin hirarmu, da ɗan littafinsa yana karanta mana. In ba mu yi dariya ba ya soke layin ya sake. Maganar goron nan da kuke ta maimaitawa a WhatsApp, sau nawa ya juya ta kafin ta zauna? Shi ya ajiye goron a aljihun Alhaji tun farkon wasa don ya faɗo gaban surukai a ƙarshe. Shi ya san inda wasan Bafillace da Babarbare yake tsayawa kafin ya zama zagi. Ɗan wasa ya iya murguɗa baki, na yarda, amma wa ya sa masa maganar a bakin?

Na san za ku ce ai Ibro, Allah ya jiƙansa, baiwa ce tasa. Naku wane ne Ibro a ciki? Ku bar ni. Wasu kuma za su ce su Yazi Dogo, 'yan wasan kwaikwayon Nijar, ba kalma-kalma suke rubutawa ba. To ai sai sun zauna sun tsara labari, wa zai shigo, wa zai fita, ina rikicin zai ɓalle, sun gwada sun sake gwadawa kafin a ɗauka. Wannan zaman shi ne aikin da nake faɗa muku.

Wallahi abin da ya taɓa ni ba kuɗin ba ne, ko da yake abin da aka damƙa masa bai fanshe kuɗin kabu-kabunsa ba. Mahaifiyarsa ce ta zauna gaban tele har sunayen suka ƙare tana jira a karanta mata nasa. Yanzu yana maganar tafiya Kano, ko masu fim can za su ɗauke shi. In ya tafi, baɗi mai baiwa ya zauna ya yi muku kashi talatin da baiwarsa mu gani.