Ba sai da aljani ake jin tsoro ba

Gardamar nan ta jiya a majalisar Ƙofar Ƙaura har yanzu tana ci mini rai. Wai Get Out ba fim ɗin ban tsoro ba ne, tunda babu aljani, babu maye, babu mai tasowa daga kabari. Kuma masu faɗin haka su ne ke shirin rubuta mana labarin fim. Haba jama'a!

Jordan Peele fa ɗan barkwanci ne. Daga 2012 zuwa 2015 dariya yake ba Amurkawa a shirin Key & Peele. Da ya rubuta Get Out, wanda ya fito a 2017, da me ya firgita duniya? Da kofin shayi da cokali. Uwar budurwar Chris, jarumin fim ɗin, tana juya cokali a kofi, tana yi masa tambaya cikin taushin murya kan rasuwar mahaifiyarsa, sai ga namiji zaune a kujera ya kasa ko ɗaga yatsa, hawaye na zuba. 'Yar aikin gidan tana murmushi, idonta na kuka. Kowa sai fara'a yake yi masa, kuma fara'ar ce ke tayar maka da tsikar jiki, don ranka ya ba ka akwai abin da ake rufewa. Wannan aikin alƙalami ne. Marubucin ya san lokacin da zai yi shiru ya bar ka da zuciyarka.

Kar wani ya ce mini ai su suna da kuɗi. Kimanin dala miliyan 4.5 aka kashe, fim ɗin ya kawo sama da miliyan 250, Peele ya ɗauki kyautar Oscar ta rubutun sabon labari (wanda ba daga wani aiki aka ɗauko ba) a 2018, baƙar fata na farko da ya ci wannan rukunin. To kofi da cokali nawa ne a Babbar Kasuwar Katsina? Rubutu muka rasa. Mun ɗauka in an shafa wa mutum hoda, aka sa masa jan ido da ƙatuwar dariya, an gama.

Masu cewa mutanenmu sai da aljani suke kallo, ban yarda ba. Ku je Daura ku tsaya bakin Kusugu. A labarin Bayajidda, maciji ya hana gari guda ɗibar ruwa a rijiyar sai ranar Juma'a. Ni abin da ke tsorata ni a labarin nan shi ne sauran kwanakin shida, uwa tana duba randa tana lissafi, ba wanda ya isa ya yi magana. Ko amaryar da aka kai babban gida, kowa na yi mata dariya, ta ce tana jin motsi da dare, dangi su ce ta fara taɓuwa. Wallahi muna da labarai. Zama a rubuta su ne ba ma son yi, marubucin ma shi ne na ƙarshe da ake biya.

Sannan ku masu fassara mana finafinai, don Allah ku ji tsoron Allah. Inda aka yi shiru da gangan, sai ku cusa zolaya da sunayen unguwanni. Ƙanena ya kalli wani mai ban tsoro a wayarsa yana ta ƙyaƙyata dariya tun daga farko har ƙarshe, ya zata na barkwanci ne aka tura masa.